Na Ba Ka Yinina

Tun ina 'yar makaranta nake jin ana cewa dam ne ya cinye mutanen Gungun Tsamiya. Wai da aka tashe su daga tsibirinsu aka kai su sabon gari a gefen Wara, cikin ɗakunan nan na siminti masu rufi kamar an kifa ƙwarya, sai baƙin ciki da zafin ɗaki suka tsofar da su tun lokaci bai yi ba. Wai ka ga saurayi da furfura, ka ga budurwa ba haƙori ko ɗaya. Kowa ya faɗa, kowa ya gyaɗa kai, har da malamanmu.

Ni dai maganar ba ta taɓa zauna mini ba. Garuruwa nawa aka tasa a shekarun nan, daga Ngaski har Shanga? Duk irin ɗakunan aka ba su, duk ruwa ɗaya suke sha, duk sun yi kukan kaburburan iyayensu da suka bari a ƙarƙashin tafki. To, me ya sa su ba su tsufa ba? Da na ajiye aikin koyarwa na sami sarari, sai na shiga mota na tafi in ji da kunnena. Na tarar kusan ba wanda ya rage daga tsohon gungun sai wata tsohuwa mai sayar da busasshen kifi, Rahila. Na faɗa mata abin da ya kawo ni. Sai ta ce, "Malama, dam bai ci kowa ba. Zamna." Abin da zan faɗa daga bakinta na ji shi, ita kuma daga bakin wanta, ranar da ba shi da sauran abin ɓoyewa.

Sunan wan nata na yanka Hammadu, amma duk gungu Mainasara ake ce masa, kuma ba abin da ke ƙona masa rai kamar sunan, don bai taɓa yin nasara a komai ba. Albasa yake nomawa a bakin kogin Kwara kamar ubansa, yana ɗibar ruwa da ƙwarya yana watsa wa fangali ɗaya bayan ɗaya har bayansa ya ƙage. Shekara ta zagayo, riga ɗaya ce dai a wuyansa.

Bayan samun 'yancin kai da 'yan shekaru sai ga masu awo a jirgi mai inji. Suka hau tsamiyar da ke tsakiyar gari suka shafa jan fenti can sama, suka ce ruwa zai wuce nan. Tsofaffi suka yi ta kuka. Mainasara bai yi kuka ba. Ya tsaya yana kallon fadamar da za ta nutse, yana ganin kansa ya sauka a sabon gari yadda yake ɗin nan, da rigarsa ɗaya, ana nuna masa ɗaki kamar kowa. Ƙasar da za ta tafi ƙarƙashin ruwa, in ji zuciyarsa, a tatse ta tun da sauranta. Amma albasa ba ta san sauri ba, ga shi rani kaɗan ya rage.

Akwai wani dutse a tsakiyar ruwa, can ƙasa da gungu, inda masu jirgi ba sa yada zango ko hadari ya taso. A nan wani boka mai suna Tamada yake. An ce duk mai zuwa wurinsa ya je rana tsaka, kada ya kai kaza, kada ya kai akuya, ƙwai ɗaya tak. Mainasara ya sa ƙwai a aljihu ya ce da matarsa Barakatu za shi duba komar kifi.

Wurin wata tsaga ce tsakanin duwatsu biyu, an rufe samanta da fatun kada, an jera ruɓaɓɓun filafilai da ƙoƙon kan dorina a bakin ƙofa. Ba waɗannan ne suka tayar masa da tsikar jiki ba. Wuta na ci a murhu, amma hayaƙinta ya tsaya cak kamar an kafa sanda. Wani busasshen ganye ya faɗo daga sama ya maƙale a iska daidai fuskarsa, bai kai ƙasa ba. Ƙarar ruwa, da ke cika kunne a waje, a nan ba ta. Tamada na zaune a kan buzu. Hannunsa na dama ɗan mitsitsi ne mai taushi kamar na jinjiri, na hagu kuwa ƙeƙasasshe kamar itacen da gara ta bari.

"Mi kake biɗa?" in ji shi.

"Arziki."

"Kowa arziki yake biɗa. Kai mi ka rasa?"

Mainasara ya ce, "Lokaci. Ruwa na tafe, ni kuwa ban tara komi ba."

Tamada ya yi dariya ba sauti. "Yau na ga wanda ya san sunan ciwonsa. Aje ƙwan nan."

Ya jawo wani baƙin tulu ya ɗaga faifan da ke bakinsa. Haske ya fito, kore-kore mai sanyi, ya haske tsagar har ana ganin jijiyoyin dutse. A cikin ruwan wasu halittu ne kamar matsattsaku, tsawon yatsa, ba ido ba baki, suna juyi a hankali, jikinsu na kunnuwa yana dushewa kamar numfashi. Tamada ya tsoma yatsa ya ɗiga wa ƙwan ruwan.

Ƙwan ya tsage. Ɗan tsako ya fito yana rawar sanyi, gashi ya rufe shi, ƙafafu suka miƙe, tukku ya yi ja. Kafin Mainasara ya rufe baki zakara ne tsaye a gabansa, ya buɗe fukafukai ya yi cara sau ɗaya. Sai gashin ya fara zuba. Idon ya yi fari, ƙafar ta lanƙwashe, ya kife ya mutu, tsoho tukuf.

"Sunansu sha-kwana," in ji Tamada. "Ɗigo ɗaya cikin tulun ban-ruwa, albasarka ta yi a kwana kaɗan abin da take yi a rani guda."

"Mi suke ci? Jini?"

"Jini na ƙananan iskoki ne. Waɗannan kwana suke sha. Su sha daga jikin mutum, su amayar cikin ruwa."

"Satar kwanan mutane zan yi ke nan?"

"Ba sa taɓa abin sata. Sai wanda aka ba ka da baki, da daɗin rai, aka kira sunanka aka ba ka."

"Wane mahaukaci zai ba ni kwanansa?"

Tamada ya karkata kai. "A gungunku ba a gayya?"

Nan take Mainasara ya gane. A Gungun Tsamiya in mutum zai yi gayya, bi yake gida-gida da kansa ya ce, "Wane, ka ba ni yini." Wanda aka roƙa kuma sai ya kira sunan mai roƙo ya ce, "Wane, na ba ka yinina." Haka suka gada. In ba a faɗa ba, ba a yi alkawari ba.

"Yini ɗaya kawai za su sha?"

"Ka taɓa miƙa wa mai ƙishirwa tulu ya tsaya a kurɓi ɗaya?"

"Gidana fa?"

"Sunan da ka faɗa a bakin tulu, shi kaɗai suka sani."

Nan Mainasara ya yi lissafin da ya ɗauka wayo ne. Shi ɗan fari ne, mahaifiyarsa Inna ba ta taɓa faɗin sunansa ba, sai dai ta ce "kai" ko "wannan". Barakatu, Maigida take ce masa. Ɗiyarsa Dudu, Baba. Ƙanwarsa Rahila, Yaya. Duk gidan ba mai kiran sunansa. Kunyar da aka gada ta zame masa katanga.

"Ni kaina fa?"

"Kai ba ruwansu da kai. Kwanaki za su riƙa kewaye ka yadda ruwan ga ke kewaye dutsen ga."

Ya ɗauki wannan kyauta ce. Ya ce, "Ladanka fa?"

"Ka ɗauke su daga nan. Shi ne ladana."

Ko wannan ya isa ya sa mai hankali ya miƙe ya kama filafilinsa. Mainasara ya durƙusa ya kai bakinsa bakin tulu ya ce, "Mainasara." Tamada ya ce, "Na yanka fa?" Ya ƙara, "Hammadu." Hasken ya tashi kamar an hura garwashi.

Ya ɓoye tulun a cikin rumbu, ƙarƙashin damman gero. Gidan da ya fara shiga roƙo na Tanimu ne, amininsa tun suna yara suna kamun kifi da hannu.

"Tanimu, ka ba ni yini."

"Kai da fangalinka huɗu har da gayya? To, Mainasara, na ba ka yinina. Amma wallahi in na ga miya ba nama, yinina zan ɗauka in dawo gida da shi."

Suka yi dariya suka tafa. Aka yi gayya da kiɗa da fura, aka share masa fadama har inda ubansa bai taɓa kaiwa ba. Da ya leƙa rumbu, haske na tsiyayowa ta tsagogin bango da rana tsaka, sai da ya liƙe su da laka.

Ya ɗiga ruwan a tulun ban-ruwa, albasa ta zo, manya-manya kamar kan jariri, a lokacin da babu ko ɗaya a kasuwar Yelwa. Ya cire ya dasa, ya cire ya dasa. Fatake suka riƙa kwana a bakin gungu suna jiransa. Ya sayi jirgi mai inji, ya sayi rediyo, Barakatu ta sa zinariya a kunne. Aka ce sunansa ya bi shi.

Sai furfura ta shigo gari. Ta fara da masu zuwa gayya. Majiya ƙarfi suka fara dafa gwiwa in za su tashi, ido ya fara hazo, mai shekara talatin ya koma kamar ubansa. Wani ya ce tunanin tashi ne, zullumin dam ne ke cin mutane. Mainasara ya ce lalle haka ne. Shi ya fi kowa faɗa, a masallaci da bakin kasuwa, har maganar ta zauna.

Tanimu ya kwanta. Mainasara ya aika masa da gero da magani, sannan ya daure ya je. Ya tarar da wani tsoho a kan tabarma, fata ta saki, baki ya shige ciki. Tsohon ya kama hannunsa.

"Kai kaɗai ne mutum a gungun ga," in ji Tanimu. "Allah ya ƙara maka. In na tashi, ka kira gayya, ina nan tafe."

Mainasara ya fita ya zaga bayan gida ya yi ta amai. Da aka binne Tanimu Mainasara bai iya ɗaga ido ya dubi matar mamacin ba. Ya rantse a ransa ya bari.

Abin ma kamar zai bar kansa. Tun da ya yi arziki mutane suka daina kiran sunansa. In ya je roƙo sai a rusuna a ce, "Maigida, mun ba ka yininmu." Sha-kwana ba su san wannan suna ba. Haskensu ya dushe, ruwan ya koma ruwa, albasa ta koma tafiyarta ta da. Ga ƙofa Allah ya buɗe masa, ba abin da zai yi sai ya ƙyale.

Amma rani na ƙarshe ne. An riga an toshe kogi, ruwa ya fara lasar fangalin ƙasa. Ya ce sau ɗaya dai, na sallama. Ya shiga rumbu ya rufe ƙofa, ya kai baki ya ce, "Maigida ma ni ne." Ya ce wa kansa ai Barakatu ba ta zuwa gayya, girki take yi. Da ya ga manya duk sun raunana, sai samari suka rage masu iya riƙe fartanya, su kuwa Baba suke ce masa, ya sake komawa. "Baba ma ni ne." Wannan karon bai ce wa kansa komai ba.

Ranar gayyar, da hantsi, tsakar gida cike da mata ana daka. Barakatu ta yi shirin ƙetarawa bikin sunan 'yar ƙanwarta, har ta ɗaura sabon zane. Ta dubi tukwane ta dubi matan, sai ta kwance gyale.

"Maigida, na fasa zuwa sunan. Aikin ga ya fi ƙarfinsu. Yau na ba ka yinina."

Kafin ya juyo, Dudu ta taso da 'yar ƙwaryarta ta wasa. Shekarunta ba su fi shida ba, ba ta da aiki sai kwaikwayon manya. Ta rusuna yadda ta ga ana yi.

"Baba, ni ma na ba ka yinina!"

Ya daka tsalle ya toshe mata baki da tafin hannu. Mata suka kwashe da dariya, suna cewa Maigida ya ƙi gayyar uwar gida ƙarama. Ta bayan kafaɗarsu yana ganin rumbu. Lakar da ya liƙa tana tsagewa.

Kafin sati ya zagayo Barakatu ta yi furfura, Dudu ta daina gudu. Mainasara ya tuƙa jirgi zuwa dutsen Tamada. Ya tarar da tsagar ba kowa, wuta ta mutu, ganyen nan ya faɗi ƙasa, a kan buzu kuwa tarin ƙasusuwa ne da suka yi gari. Ya dawo kamar zautacce. Sai wata dabara ta faɗo masa: ai kwanakinta suna cikin ruwan, bari ya mayar mata. Ya ɗebo a ƙwarya ya kira ta bayan rumbu ya shafe mata fuska da kai. Ya manta da zakara.

A gabansa haƙoranta na nono suka zube, wasu suka fito, su ma suka zube. Ta yi tsawo, ta ranƙwafa. Gashinta ya yi fari fat. Muryar kaɗai ba ta canza ba.

"Baba, ƙafata na ciwo. Ka ɗauke ni."

Da Barakatu ta gan ta, sai ta ja da baya. "Wannan tsohuwa daga ina? Ina kuka kai mini ɗiya?"

"Ni ce Dudu," in ji yarinyar, tana miƙa hannu. "Ni ce Dudu mana."

Barakatu ta fita da gudu tana kiran Dudu gida-gida. Daga ranar ba ta ƙara dawowa hayyacinta ba. In 'yar ta matso kusa, jifa take kai mata.

Inna ce ta tsare shi a zaure, Rahila na tsaye a bakin ƙofa. Ba ta ɗaga murya ba. Ta ce, "Kai. Dube ni." Bai iya ba. Kansa a ƙasa ya faɗi komai, tun daga ƙwan har zuwa Tanimu, har sunayen da ya kai bakin tulu da kansa. Da ya gama, Inna ta miƙe ta nufi rumbu ta buɗe ƙofa. Hasken ya zubo mata a fuska. Matar da ta yi shekara arba'in tana kewaye suna ɗaya kamar rami, ta buɗe baki, duk gidan ya ji.

"Hammadu."

Ya ce, "Inna, don Allah!"

"Hammadu, na ba ka kwanana duka. Ka ce su sha nawa su ƙyale yarinyar ga."

Suka sha nata. Ba su ƙyale yarinyar ba. Kafin la'asar an rufe Inna da zane.

Dudu ta rasu ana cikin kwashe kaya, ita ce gawa ta ƙarshe da aka binne a gungun, kuma waɗanda suka haƙa kabarin tsofaffi ne da ba su kai shekara talatin ba. Barakatu ta bi ruwa tana kiran 'yarta, ba a ga ko zanenta ba. Albasar ƙarshe ta ruɓe a buhu. Mainasara ya bar jirgi mai inji ɗaure a gindin tsamiya, ruwa ya taso ya haɗiye shi tare da rumbu da tulun da ke ciki. Masunta sun ce har yau akwai inda in rana ta take za ka hango kore-koren haske can ƙasa, kuma komar da aka jefa a wurin, sabuwa ce ma, a ruɓe ake jawo ta.

Na tambayi Rahila yadda ita ta tsira. Ta ce, "Ni Yaya nake ce mishi. Shi kaɗai ne sunan da bai kai ba. Da an ƙara rani ɗaya, da ya kai."

Ban ga tulu ba, kuma ni ba mai saurin yarda ba ce. Na ce da ita labari ne mai ban tausayi, amma ina shaida? Ta ɗauki sandarta ta ce in biyo ta. Can ƙarshen gari, inda ɗakunan simintin suka tsattsage ba kowa, wani mutum na fama da ɗaurin itace, yana ƙoƙarin ɗora shi a ka shi kaɗai. Ƙaƙƙarfa ne, gashinsa baƙi wuluk, ba zai wuce arba'in ba. Wani mai wucewa ya tsaya zai taya shi, sai mai itacen ya girgiza kai da ƙarfi ya ja baya kamar an nufo shi da wuta.

"Ba ya karɓar taimakon kowa," in ji Rahila. "Ba ya amsa suna ko ɗaya. Yara sun ɗauka kurma ne."

Na yi masa sallama. Ya dube ni, ya dubi tsohuwar da ke gefena, wadda ya goya tana jaririya. Sai ya saki itacen ya ja wuyan rigarsa ya rufe fuska, ya tsaya a haka har muka juya.

Ku masu gaggawa, ku masu ganin shekarunku na tafiya ba ku tara ba, ku ji da kyau. Duk wanda ya ce zai ba ku a yau abin da sai an shekara ake samu, ku tambaye shi shekarar wa za a ci. Ba daga sama take zuwa ba. Daga jikin wanda ya yarda da ku ake yanko ta, wanda ya zo da fartanyarsa yana dariya, kuma kwaɗayin da ya fara da maƙwabci ba ya tsayawa a ƙofar gida, don mai gidan ne da kansa zai buɗe masa.

Dam bai tsofar da mutanen Gungun Tsamiya ba. Mainasara ne ya bi su gida-gida ya roƙe su yini, suka ba shi.